Yadda Ake Bin Diddigin Tarihin Gidan Sarauta na Ƙetare Daga Kaduna: Misalin Gidan Beresford na Ireland

Ɗalibin tarihi da ya tashi a Kaduna, wanda ya san cewa sarautar Zazzau tana zagayawa ne tsakanin Mallawa da Barebari da Katsinawa da Sulluɓawa, kuma ya san yadda aure yake haɗa gidan sarauta da gidan malamai, yana riƙe da rabin kayan aikin da ake buƙata wajen nazarin manyan gidajen Turai. Abin da ya rage masa shi ne sanin inda zai sa ƙafa da fari da kuma ramukan da ke kan hanya. Na zaɓi gidan Beresford na ƙasar Ireland domin in nuna yadda ake wannan aiki, saboda a cikinsa mutum yana ganin igiyoyi uku a tufke wuri guda, wato mallakar ƙasa da muƙamin gwamnati da shugabancin coci. Wanda ya rubuta tarihin irin wannan gida bai nuna yadda igiyoyin suka riƙe juna ba, salsala kawai ya jera.

Kafin a taɓa sunan kowa, wajibi ne a fahimci ajin mutanen da ake magana a kansu. Akwai wani rukuni na masu ƙasa a Ireland waɗanda kakanninsu suka ƙetaro daga Ingila, mabiya cocin Angilikan ne, kuma su suka riƙe majalisa da kotuna da manyan gonaki tun daga ƙarshen ƙarni na 17 har zuwa cikin ƙarni na 19, alhali mafi yawan jama'ar ƙasar 'yan Katolika ne da doka ta hana su zama a majalisa har shekarar 1829. Mai karatu a Kaduna ya kula da wannan sosai, domin limaman Ireland da iyayenmu suka sani a makarantun mishan na garin nan 'yan Katolika ne, wato daga cikin jama'ar da aka mulka suka fito. Gidan Beresford yana ɗaya ɓangaren ne. Cocinsu, wanda ake kira Cocin Ireland, shi ne cocin hukuma a wancan zamani, ko da yake ƙidayar 1861 ta nuna mabiyansa ba su wuce kusan kashi ɗaya bisa takwas na jama'a ba.

Aikin hannu na farko shi ne zana salsala, kuma ina ba da shawarar a yi shi a kan babban kwali da fensir, ba a cikin waya ba. A fara daga Tristram Beresford, mutumin yankin Kent na Ingila, wanda ya je garin Coleraine a arewacin Ireland a farkon ƙarni na 17 a matsayin wakilin kamfanonin Landan da aka ba su filaye domin su zaunar da baƙi. Ɗansa, shi ma Tristram, ya sami sarautar Baronet a 1665. Daga nan a gangaro zuwa Marcus Beresford, Baronet na huɗu, wanda aka haifa a 1694, sa'annan a ja layuka uku masu kauri zuwa 'ya'yansa George da John da William, domin daga waɗannan ukun ne kusan duk abin da za a rubuta ya fito.

Kowane suna a rubuta shekarar haihuwa da ta rasuwa a gefensa, ko da mutum yana ganin ya haddace. Wata rana wani ɗalibi ya kawo mini babinsa na biyu a rubuce da hannu, shafi goma sha, yana murna ya gama. Da na karanta sai na tarar ya naɗa mutum ɗaya Markwis a 1789, ya binne shi a 1800, sa'annan ya tashe shi ya mai da shi bishop har 1841. Na ce masa, "Malam, George nawa ka sani a gidan nan?" Ya ce ɗaya ne, ranka ya daɗe. Muka shimfiɗa kwali a kan tebur, muka danne kusurwoyinsa da littattafai saboda iskar fanka, muka bi layi da yatsa har ya gani da idonsa cewa George de la Poer Beresford biyu ne, baffa da ɗan ƙanensa. Turawan nan suna maimaita suna kamar yadda muke yi wa yara takwara, sai dai su ba su da al'adar laƙabi irin tamu da ke raba Muhammadu da Muhammadu, don haka shekaru ne kaɗai za su cece ka.

Bayan salsala ta tsaya, sai a nemi auren da ya sauya matsayin gidan, domin kusan kowane irin wannan gida yana da shi. A nan shi ne auren 1717, lokacin da Marcus ya auri Catherine Power, 'yar James Power, Earl na Tyrone na uku, wadda ita kaɗai ce magajiyar mahaifinta. Dangin Power zuriyar Normawa ne, wato mutanen da asalinsu daga yankin Normandy na Faransa yake, da suka shigo Ireland tun ƙarni na 12, kuma gidansu na gado shi ne Curraghmore, kusa da garin Portlaw a gundumar Waterford. Da wannan aure filayen Power suka koma hannun Beresford, mazaunin gidan ya tashi daga arewa ya koma kudu, sarauta kuma ta biyo baya: Marcus ya shiga majalisar manya, wato majalisar masu sarauta, a 1720, aka farfaɗo masa da sarautar surukinsa ta Earl na Tyrone a 1746, babban ɗansa George kuma ya zama Markwis na Waterford na farko a 1789. Sunan de la Poer da zuriyar ta riƙa liƙawa a gaban Beresford tsohuwar siffar sunan Power ce. Mai bincike ya jera waɗannan shekaru huɗu kusa da juna ya dube su da kyau, zai ga cewa ƙasa ce ta fara zuwa kafin rawani.

Daga nan a juya ga ɗa na biyu. A dokar gadon Turawan Ingila ta wancan zamani babban ɗa namiji ne yake kwashe sarauta da ƙasa gaba ɗaya, ba a rabawa kamar yadda shari'ar Musulunci ta tsara, saboda haka dole a nema wa ƙanne abin yi a gwamnati ko soja ko coci. Wanda bai riƙe wannan ba ba zai gane dalilin da ya sa gida ɗaya ya bazu cikin ma'aikatu haka ba. John Beresford, wanda ya rayu daga 1738 zuwa 1805, ya wakilci gundumar Waterford a majalisar Dublin, ya shiga hukumar haraji a 1770, ya zama shugabanta a 1780. Wannan kujera ita ce rumbun muƙamai, domin daga ita ake naɗa ma'aikatan kwastan da masu karɓar haraji a duk tashoshin ƙasar, kuma wanda yake raba aiki shi yake tara ƙuri'a a majalisa. Shi ne ya ɗauko magini James Gandon ya gina babban gidan kwastan na Dublin tsakanin 1781 da 1791, titin da ke kewaye da ginin kuma har yau sunan Beresford yake ɗauke da shi.

Hanyar auna ƙarfin mutum irin wannan ita ce a nemi ranar da wani ya yi ƙoƙarin kayar da shi. A watan Janairun 1795 sabon wakilin Sarkin Ingila a Ireland, Lord Fitzwilliam, wanda yake son a sassauta wa 'yan Katolika, ya sallami John Beresford daga aiki 'yan kwanaki bayan saukarsa. Beresford ya kai ƙara Landan wurin Firayim Minista William Pitt. Kafin ƙarshen watan Maris Fitzwilliam ne ya tattara kayansa ya bar ƙasar, Beresford kuwa ya koma kujerarsa. Ba banza ba aka riƙa yi masa laƙabi da sarkin Ireland. Ina ba ɗalibai shawara su ware wa wannan rikici sashe na musamman, su karanta abin da kowane ɓangare ya rubuta, su kuma tuna cewa wasiƙun John Beresford da aka buga a 1854 jikansa ne ya tace su, don haka abin da ke ciki gaskiya ne amma ba dukan gaskiyar ba ce.

Ɓangaren coci shi ne ya fi bukatar haƙuri, kuma shi ne ɗalibanmu suka fi tsallakewa, Musulminsu da Kiristansu, saboda suna ɗaukar muƙamin bishop a matsayin sha'anin ibada zalla. A Ireland ta wancan zamani gwamnati ce take naɗa bishop na cocin hukuma, yana da kujera a majalisar manya, yana da filayen da ake biya masa haya, kuma shi yake raba wa ƙananan limamai unguwannin da za su ci abinci. Ɗan Marcus na uku, William, ya riƙe Dromore a 1780, ya koma Ossory a 1782, ya zama Akbishop, wato babban bishop, na Tuam a 1794, aka kuma ƙara masa sarautar Baron Decies a 1812. George, ɗan John mai haraji, ya zama bishop na Kilmore a 1802, ya zauna a can har rasuwarsa a 1841. Lord John George Beresford, ɗan Markwis na farko, ya hau tsanin da sauri: Cork a 1805 yana ɗan shekara talatin da 'yan kai, Raphoe a 1807, Clogher a 1819, Dublin a 1820, sa'annan Armagh a 1822, wato shugabancin cocin ƙasar baki ɗaya, inda ya shekara arba'in har ya rasu a 1862. Wanda ya gaje shi shi ne Marcus Gervais Beresford, ɗan bishop na Kilmore, wanda a lissafin zumuntarmu ɗansa ne, shi kuma ya riƙe kujerar har 1885.

Yadda za a fito da ma'anar waɗannan shekaru shi ne a ja dogon layi a takarda daga 1780 zuwa 1885, a shata wa kowane bishop tsawon zamaninsa da launi daban. Nan take ido zai ga abubuwa biyu da karatu kaɗai ba ya nunawa: daga 1805 zuwa 1819 mutum uku 'yan gida ɗaya suna riƙe da kujerun bishop a lokaci guda, kuma kujerar Armagh ta shekara sittin da uku a jere ba ta fita daga gidan ba. Sai dai a yi adalci. John George ya kashe dukiyarsa wajen gyara babban cocin Armagh, ya zama uban Jami'ar Dublin a 1851, kuma shi ya biya kuɗin hasumiyar ƙararrawa da ke tsakiyar harabar Kwalejin Trinity. Shi ne kuma ya tsaya a majalisar manya ya yi adawa da dokar 1829 da ta buɗe wa 'yan Katolika ƙofar majalisa. Mai rubutu ya sa duka biyun a shafi ɗaya, kada ya ɗauki wanda ya yi masa daɗi ya bar ɗayan.

Game da inda za a samo bayani, mutumin Kaduna ba shi da uzuri kamar da. Ƙamus na tarihin rayuwar mutanen Ireland da Royal Irish Academy take kula da shi yana intanet kyauta, haka ma tarihin 'yan majalisar Birtaniya da muhawarorinta, inda za a sami 'yan gidan da suka zauna a Landan bayan haɗewar Ireland da Birtaniya a ranar 1 ga Janairun 1801. Tsofaffin kundayen sarauta na Burke da Debrett suna da amfani wajen shekaru da aure, amma a sani cewa gidajen ne da kansu suke ba da bayanin, kuma babu wanda yake kai abin kunyarsa kasuwa. Wani abu da ya kamata a sani tun wuri shi ne babban ma'ajin takardun Ireland ya ƙone a ranar 30 ga Yunin 1922 a farkon yaƙin basasa, wasiyyoyi da rajistocin coci masu yawa suka tafi, gidan kwastan ɗin da John Beresford ya gina shi ma an banka masa wuta a watan Mayun 1921. Abin da ya tsira ya haɗa da rajistar cinikin filaye da aka kafa a 1708, da littattafan ushiri na 1823 zuwa 1837, da ƙididdigar filaye ta Griffith ta 1847 zuwa 1864. Duk abin da aka samu a sauke shi a adana a kwamfuta lokacin da wuta da data suke nan, a kuma rubuta shafin da aka ɗauko kowace magana a katin takarda nan take. Wanda bai taɓa riƙe tsohon fayil ba ya fara zuwa Gidan Arewa ko Ma'ajin Tarihi na Ƙasa da ke nan Kaduna ya kwana biyu yana karanta rahotannin razdan da na di'o, domin hannun rubutu da salon wasiƙar ma'aikatan Birtaniya iri ɗaya ne, kuma idon da ya saba da su ba zai sha wuya da takardun Dublin ba.

Akwai ƙananan tarkuna uku. Kafin 1752 sabuwar shekara a hukumance tana farawa ne ranar 25 ga Maris, saboda haka takardar da aka rubuta wa Fabrairun 1719 a lissafinmu ta 1720 ce. Na biyu, kalmar Lord a gaban sunan yanka, kamar Lord John George, tana nufin ƙaramin ɗan Markwis ne, ba shi ke riƙe da sarautar ba, magajin gidan kuwa ana kiransa Earl na Tyrone tun mahaifinsa yana raye. Na uku, bishop ba ya sa hannu da sunan gidansu, sunan kujerarsa yake sawa, don haka wasiƙar da ta ƙare da Armagh ko Kilmore ba daga wani baƙo ta fito ba.

Babin da na fi matsa wa ɗalibai a kansa shi ne na waɗanda suka biya kuɗin wannan daula. Manomi ɗan Katolika yana biyan haya ga mai ƙasa, yana kuma biyan ushirin amfanin gonarsa ga limamin cocin da ba ya shiga, abin da ya haifar da tarzomar ushiri daga 1831 har aka sauya dokar a 1838. A tawayen da aka yi wa mulkin Birtaniya a 1798 John Claudius Beresford, ɗan mai haraji, ya yi mummunan suna saboda bulalar da aka riƙa yi wa waɗanda ake zargi a filin koyon hawan dokinsa a Dublin. Shi ɗin dai ya ƙi goyon bayan haɗewa da Birtaniya alhali mahaifinsa yana cikin masu tura ta, wanda ya nuna cewa gida ɗaya ba lallai ya yi magana da baki ɗaya ba. Zaɓen gundumar Waterford na 1826 kuwa ya cancanci a zauna a kansa. Lord George Beresford, ƙanen Akbishop na Armagh, ya tsaya neman kujerar da gidansu ya daɗe yana ɗauka tamkar gado. Ƙungiyar Katolika ta Daniel O'Connell ta mara wa Henry Villiers Stuart baya, shi ma mai ƙasa ne kuma Furotesta, amma mai goyon bayan 'yancin Katolika. A lokacin babu ƙuri'ar sirri, sai a 1872 aka kawo ta, mutum yakan faɗi wanda ya zaɓa ne da bakinsa a gaban wakilin mai gonar da yake haya. Duk da haka ƙananan manoma masu riƙe da gonar da ke kawo sule arba'in a shekara, wanda shi ne sharaɗin zaɓe a lokacin, suka juya wa ubangidansu baya, Beresford ya faɗi. Shekara uku bayan haka dokar 'yanci ta wuce, amma aka ɗaga sharaɗin zaɓe daga sule arba'in zuwa fam goma, wanda ya cire yawancin manoman nan daga rajista. Ni a ganina rubutun da ya yaba hasumiyar Trinity bai ambaci waɗannan mutane ba bai cika ba.

A kuma leƙa gefen kwalin, inda kundayen sarauta ba su cika son haskawa ba. William Carr Beresford, wanda aka haifa wa Markwis na farko a 1768 ba ta hanyar aure ba, ya kama birnin Buenos Aires na ɗan lokaci a 1806, ya zama babban kwamandan sojan Fotugal a 1809, ya jagoranci yaƙin Albuera a 1811, daga baya kuma ya auri Louisa, 'yar baffansa Akbishop na Tuam. Afirka ma ta ga 'yan gidan: Lord William Beresford ya sami lambar yabo ta Victoria Cross a yaƙin Zulu na 1879, ɗan'uwansa Lord Charles kuma yana cikin hafsoshin ruwa da suka yi wa Iskandariya ta Masar ruwan wuta a 1882. Mahaifinsu, Markwis na huɗu, limamin coci ne kafin sarauta ta faɗo masa a 1859, lokacin da yayansa ya faɗo daga doki a wurin farauta ya mutu.

Wajen tsara rubutun, kada a bi mutum ɗaya bayan ɗaya kamar masu kirari a ƙofar fada. A raba babi bisa igiyoyin nan, ƙasa da gwamnati da coci, a ƙara na talakawa, a riƙa nuna inda ɗaya ta shiga cikin ɗaya, a maƙala salsalar da layin bishop-bishop a farkon aikin domin mai karatu ya riƙa komawa gare su. Babin ƙarshe ya ɗauki dokoki uku da suka warware tufkar. Dokar 1833 ta rage Akbishop daga huɗu zuwa biyu, har Tuam ta rasa matsayinta. Dokar Firayim Minista Gladstone ta 1869, wadda ta fara aiki ranar 1 ga Janairun 1871, ta raba Cocin Ireland da hukuma, ta kuma fitar da bishop-bishop ɗinsa daga majalisar manya, kuma Marcus Gervais ne ya ja ragamar cocin a wannan sauyi. Dokar filaye ta 1903 ta ba manoma bashin gwamnati domin su sayi gonakin da suke haya. Mai bincike yana iya tsayawa a 1885 idan coci ne jigonsa, ko a 1903 idan ƙasa ce, ya ƙara sakin layi ɗaya da ke faɗin cewa gidan Curraghmore yana hannun Markwis na Waterford har yau.